Bokitan da Manaja Ya Jera a Sito

Har yau in na shiga banki ko asibiti na hangi jan bokiti a lungu, sai na faki ido na ɗaga shi na leƙa gindinsa. 'Ya'yana sun gaji da jin kunyar wannan hali nawa. Ni kuwa abin da nake dubawa ɗaya ne, ko gindin ya taɓa gogar siminti. In na ga ya kakkarce, sai in ce to, masu gidan nan da gaske suke. In na gan shi sumul yana ƙyalli, na san irin mutanen da ke riƙe da wurin, domin na yi musu aiki.

Shekara bakwai na yi ina shara da goge-goge a wani otal da ke gefen Takur, a nan Dutse. Ba zan kama sunansa ba, saboda masu aikin da na baro a can, waɗanda ba su ji ba ba su gani ba. Otal ne mai hawa ɗaya, ɗakunan kwana a sama, babban ɗakin taro a ƙasa, kicin kuma a baya kusa da tankin ruwa. Ma'aikatan gwamnati su ne rabin cinikinmu. Yau bita, gobe taron ƙara wa juna sani, jibi bitar bitar da aka yi. Su zo da manyan riguna daga ƙananan hukumomi, su zauna cikin sanyin esi, su ci shinkafa da kaza, su ɗan yi gyangyaɗi, su karɓi jaka mai tambari su tafi. Mu kuma mu bi bayansu da tsintsiya muna tsince ƙashi da tsinken sakace.

Ni ce shugabar masu shara. Kada sunan ya ruɗe ka, mu biyar ne kacal, kuma abin da ya ba ni kujerar shi ne na gama sakandare, ina iya karanta takardar da aka manna a bango. Shugabancin nawa bai wuce riƙe makullin ɗakin tsintsiya da shan faɗan mutum biyar ni kaɗai ba.

A cikinmu akwai wata dattijuwa da kowa ke ce wa Goggo. Bafulatana ce, 'yar siririya, daga wata ruga a bayan Kiyawa. Shanun gidansu sun ƙare tun mijinta yana raye, da ya rasu sai ta tattaro ta dawo Dutse da jikoki biyu marayu, ta kama ɗaki a wata unguwa ta bayan gari. Ita aka bai wa banɗakunan ɗakin taro, aikin da kowa yake gudu, ta karɓa. Wallahi ban taɓa ganin mai tsaftar matar nan ba. Zani biyu take zuwa da su da ɗankwali biyu, na aiki daban, na komawa gida daban, kuma ba sa haɗuwa ko a leda. In ta gama sai ta wanke hannu har gwiwa, ta bi farce ɗaya bayan ɗaya da sabulu, muna ta yi mata tsiya cewa za ta ƙarar da fatar.

Kana iya yi wa Goggo tsawa ta haƙura. Kana iya ƙara mata aikin da ba nata ba ta yi. Kalma ɗaya ce ba ta ɗauka. Wata rana muna cin abincin rana a bayan kicin, wata cikin masu girki ta janye kwanonta, wai da wasa, ta ce ita ba ta haɗa hannu da ƙazamai. Goggo ta ajiye lomar da ta ɗauko ta tashi. Na same ta a bayan tanki tana share hawaye da bakin mayafi. Ta ce da ni, "'Yar nan, ba ni da saniya, ba ni da gidan kaina. Sunana kaɗai ya rage mini. Tun ina budurwa ba a taɓa ce mini ƙazama ba, ba na so in shiga kabari da wannan kalma a kaina." Na je na tasa mai girkin nan gaba sai da ta ba Goggo haƙuri. Ranar kaina ya yi girma, ina ta jin kaina wai ni mai tsaya wa gaskiya.

Sai Manaja. Ɗan 'yar'uwar mai otal ne, shi kuwa mai otal yana Abuja, sai sallah-sallah ake ganinsa. Mutum ne mai farar shadda da agogo mai nauyi, kuma duk ilimin tsaftarsa a hancinsa yake. In ya shiga wuri ya ji ƙamshi, to wurin fes yake, ko da mushen ɓera na ƙarƙashin kujera. Kullum da gwangwanin turaren feshi a hannunsa, yana tafe yana fis, fis, har kan kwandon shara.

Wata shekara aka tura shi Kano kwas na kwana uku a kan tsaftar otal. Kwana uku fa! Ya dawo da satifiket a cikin gilashi, da wata sabuwar tafiya, da a-kori-kura shaƙe da kaya. Aka tara mu a ɗakin taro, masu shara da masu girki, ya hau dandamali ya riƙe makirufo, alhali duka-dukanmu ba mu cika layin kujeru biyu ba. A gabansa ga bokitai sababbi fil, ja da kore da shuɗi da ruwan ɗorawa, kowane launi da mofarsa ta goge ƙasa, da tsummokaransa, da safar hannunsa.

"Daga yau otal ɗin nan ya shiga sahun duniya," in ji shi. "Ja na masai ne da ƙasan banɗaki. Ruwan ɗorawa na wurin wanke hannu da madubi. Shuɗi na ɗakuna da teburan taro. Kore na kicin, kicin kaɗai. Tsumman da ya shiga banɗaki, ko a mafarki kada ya leƙa kicin. Akwai ƙwayoyin cuta da ido ba ya gani, kuma tsumma shi ne motar da suke hawa daga wuri zuwa wuri. Kun gane, ko in maimaita da Turanci?"

Ba zan ci amanar gaskiya ba, maganar nan daidai take daga farko har ƙarshe, ko da yake daga bakinsa ta fito. Goggo ce ta fara ganewa. Fuskarta ta washe, ta ɗan ɗaga hannu.

"Ranka ya daɗe, ai haka muke yi a ruga. Ƙwaryar tatsa da abin wankinta, ba ya kusantar tukunyar miya, balle wani wuri. Ranar da aka haɗa su, nonon ya lalace ke nan, sai zubarwa."

Manaja ya dube ta ta saman gilashinsa. "Goggo, ana zancen kimiyya kina zancen shanu."

Aka kwashe da dariya. Har da ni, tawa ma ta fi ta kowa ƙara, saboda ina tsaye kusa da shi.

Aka ɗauki hotuna. Kowacce ta riƙe mofa ta yi murmushi, aka tura wa mai otal a waya. Ko gama murmushin ba mu yi ba ya ce a kwashe kayan a kai sito.

Duk macen da ta tashi a ƙasar nan ta san jere. Kwanukan nan da ake shirya wa amarya a kabad, manya a ƙasa, ƙanana a sama, furen kowanne yana kallon ƙofa. Ba a cin abinci a cikinsu. Aikinsu a goge su ranar Juma'a, baƙi su shigo su ce ma sha Allah. Mahaifiyata, Allah ya ji ƙanta, ta rasu ta bar samira da fanteka da ba su taɓa ganin tuwo ba, mu kuwa a wani kwano guda mai tsatsa muka ci muka girma. To abin da Manaja ya yi da bokitansa ke nan, namiji guda da gemunsa. Ya sa kafinta ya buga kanta a sito, ya jera su da hannunsa launi-launi, mofofin na tsaye a jikin bango cikin ledarsu, tsummokaran a ninke kamar kayan lefe. Ya rufe ya jefa makullin a aljihun shaddarsa.

Bayan mako guda na yi ƙarfin hali na tambaye shi yaushe za a raba mana.

"Malama," ya ce, haka yake kirana in zai raina mini hankali, "so kike in ba ku ku kashe su cikin wata ɗaya? Ran da duba-gari suka zo me zan nuna musu? Ɗankwalinki?"

Na ce Allah ya huci zuciyar yallaɓai, na fita.

Muka ci gaba da abin da muke da shi, tsofaffin mofofi uku masu kalar ƙasa, da bokitan fenti, da tsummokaran da muka yayyaga daga tawul ɗin da baƙi suka gama da su. Duk kamarsu ɗaya, ko wanda ya saƙa su ba zai bambance su ba. Goggo kuwa ba ta tsaya jiran sito ba. Ta yago ƙyallen jar atamfa ta ɗaura a sandar mofarta. Tsummokaranta ta ƙulle wa kowanne kusurwa ɗaya, yadda ko da laluben hannu za ka gane nata ne. Ta ja igiya a bayan banɗakunan, daga tagar ƙarshe zuwa bishiyar darbejiya. Nan take wanke su a bokitinta ita kaɗai, ta shanya rana ta gasa su. In ka miƙa hannu wajen igiyar nan, ko kai wane ne, za ka ji muryar da ba ka san tana da ita ba. Kusan shekara muka yi a haka, ba baƙon da ya yi ko ciwon ciki.

Rannan wani babban baƙo ya rasa wurin ajiye mota a gaba, direbansa ya zagaya da ita baya, Manaja na biye yana washe baki. Sai ga igiyar Goggo, tsummokara na kaɗawa a iska. Baƙon ko kallonsu bai yi ba, waya yake yi. Amma Manaja ya dawo yana huci yana ƙwala mini kira.

"Otal ne nan ko ruga? Malama! Daga yau kada in ƙara ganin tsumma a rataye. Duk tsumman da ke gidan nan a zuba shi a baho ɗaya a bayan kicin, a rufe. A sa bilic. Bilic yana kashe komai, a kwas aka gaya mana."

"Yallaɓai, har da na banɗaki?"

"Na ce duka. Ke kika je kwas ɗin ko ni?"

Bilic ɗin ma, ruwan maganin nan na kashe ƙwayoyin cuta, shi yake aunawa da kansa, murfin kwalba ɗaya a baho guda, kamar mai ɗiga maganin ido. Daga baya wata maƙwabciyarmu ma'aikaciyar jinya ta gaya mini cewa ko da yawa ya zuba, in ruwa ya yi dauɗa ƙarfin maganin mutuwa yake yi, kuma tun farko ba a haɗa tsumman masai da na abinci a ruwa ɗaya, kome za a zuba a ciki. Amma kada in fake da rashin sani. Ba sai ma'aikaciyar jinya ta gaya mini ba. A gidana tsintsiyar banɗaki ba ta taɓa tsallaka ƙofar ɗaki ba, kuma ba a Kano na koyo ba.

Ni na kwance igiyar da hannuna. Goggo na tsaye da bokitinta.

"'Yar nan, kin san abin da tsummokaran nan suke gogewa."

"Na sani, Goggo. Umarni ne daga sama."

"Wace saman? Allah ne ya aiko?"

Na naɗe igiyar. Na tattara tsummokaran na kai bayan kicin na tsunduma a baho, tana biye da ni tana salati. Daga ranar kullum da safe sai ta zo ta tsugunna tana tsamo masu ƙulli tana warewa, masu girki na yi mata dariya. Amma me ya rage, sun riga sun kwana a ruwa ɗaya? Sau biyu tana zuwa ofishin Manaja da ƙafarta, sau biyu yana korar ta da bayan hannu, wayarsa na kunne.

Abin ya fashe ne a tsakiyar bazara, lokacin da duwatsun garin nan suke shan rana tun safe su amayo mana zafin har cikin ɗaki. An kawo mana bita ta kwana uku, ɗakin taro ya cika maƙil. Ana saura kwana biyu a fara, injin rijiyar burtsatsenmu ya ƙone. Sai ruwan 'yan garuwa, jarka-jarka a kura. Manaja ya ce ruwan na girki ne da alwalar baƙi, kada wadda ta ɓarnatar da shi a wankin tsumma. Ruwan bahon nan ya kwana biyu ba a canza shi ba. Ya yi kauri, ya yi wata kala da ba ta cikin huɗun da aka koya mana.

Ranar farko da hantsi na wuce ta ƙofar kicin ɗauke da kujeru biyu. Na ga ɗaya daga cikin masu girki, gumi ya jiƙe ta sharkaf, an sa ta gaba da ihu a kawo salak. Ta miƙa hannu cikin baho ta jawo tsumma, ta matse, ta goge katakon yanka, ta ɗora kabeji da tumatir ta hau yankawa. Na ga ƙullin a kusurwar tsumman. Da idona na gan shi. Na ce a raina bari in ajiye kujerun nan in dawo, aka kira ni wani wuri, ban dawo ba.

Kashegari bayan azahar daraktocin da suka zo bitar suka fara fita daga ɗakin taro ɗaya bayan ɗaya. Da farko cikin ƙasaita, ana gyara hula, kai ka ce waya za a amsa. Kafin la'asar ƙasaita ta ƙare. Ka ga mutum da furfurarsa ya tattare babbar riga ya rungume a ƙirji yana sassarfa, ya tarar da layi a ƙofar banɗaki, yana ƙwanƙwasa wa wanda ya girme shi a muƙami. Mai jawabi ma ya ajiye makirufo a tsakiyar magana ya bi sahu. Na yi dariya a bayan ƙofa, ba zan ɓoye ba. Dariyar ta tsaya lokacin da wani dattijo ya yanke jiki ya faɗi a baranda, amai da gudawa sun tsotse shi, aka ɗauke shi ranga-ranga zuwa asibiti. Bayansa aka kai wasu. Allah ya taƙaita, ba a rasa rai ba, amma akwai waɗanda sai da aka ƙara musu ruwa.

Wa ya wanke abin da suka bari? Goggo. Ita kaɗai, da ragowar ruwan jarka, da hannunta haka nan, jar safar hannu kuwa tana sito a ninke. Tun azahar har aka kira magariba ba ta zauna ba sai don salla. Manaja ya leƙo sau ɗaya, ya fesa turare daga bakin ƙofa ya juya.

Da sassafe aka bugo masa waya cewa duba-gari na tafe. Tabɗi! Ranar na san Manaja ya iya gudu. Ya buɗe sito ya ce a fito da komai. Aka yayyage ledoji, ya sa ni na kankare takardun farashi da wuƙa, muka jiƙa mofofin muka ɗan goga su a ƙasa don su yi kamar sun san aiki. Ja ya tafi banɗaki, kore ya tafi kicin, kowanne ya samu mazauni. Bahon kuwa ya ce in ɓatar da shi. Na tuntsurar da ruwan a kwata, na ƙulle tsummokaran a buhu na cilla bayan katanga. Ban tambayi dalili ba, na riga na saba da rashin tambaya.

Su uku suka zo, maza biyu da mace ɗaya mai riƙe da littafi. Manaja ya zaga da su yana bayani, rabi Turanci rabi Hausa, ya nuna satifiket, ya nuna hotunanmu muna murmushi da mofofi. Babbansu ya tsaya gaban koren bokiti yana gyaɗa kai, ya ce rabonsa da ganin tsari irin wannan tun wani zuwa da ya yi Abuja. Wai mai duba gari ke nan! Ko sunkuyawa bai yi ba ya kifa bokitin ya ga gindinsa. Aka shiga ofis aka kawo lemo mai sanyi. Can aka aiko a kira ni, a kira Goggo.

Muka shiga muka rusuna muka gaishe su. Manaja ya haɗe hannuwa a kan tebur ya yi fuskar tausayi.

"Matsalar mutanenmu ke nan, ranka ya daɗe. Ka kawo tsari, ka koyar, amma wanda ya tashi a daji sai a hankali. Wannan baiwar Allah ita ke wanke banɗaki. Bincikena ya nuna ita ta kai tsumman masai kicin. Ba ta bambance ja da kore."

Goggo ta ɗago kai. "Ranka ya daɗe, ka ji tsoron Allah. Ni jan tsumman nan ban taɓa riƙe shi ba. Tun ranar hoto ban sake ganinsa ba sai yau."

"Kun ji da kunnenku ko?" Manaja ya buɗe hannu. "Ba ta ma amfani da shi."

Mazan suka yi 'yar dariya. Macen nan mai littafi ba ta yi ba, kuma ita kaɗai ce a cikinsu ban raina ba har yau. Ta juyo ta dube ni sosai.

"Baiwar Allah, ke ce shugabarsu. Tun yaushe aka raba musu kayan nan?"

Maigidana a lokacin yana kwance, ya karye a hatsarin babur, ga yara huɗu a makaranta. Shekaru na yi ina maimaita wa kaina wannan a matsayin hujja. Amma Goggo ma da marayu biyu a gida, kuma ta faɗi gaskiya ko yawu ba ta tsaya haɗiya ba.

"Tun da aka kawo su, Hajiya," na ce.

Ta rubuta. Ta ƙara kallona, ta rufe littafin.

"Ƙazanta ce kawai," in ji Manaja, yana buɗe wa babbansu wani lemon. "Tsohuwa ƙazama ta kusa kashe mana mutane. Goggo, ki tattara naki ya naki, mun gode."

Na zaci za ta yi kuka ko ta yi rantsuwa. Ba ta yi ko ɗaya ba. Ni ta kalla, na ɗan lokaci, sannan ta dafa gwiwa ta miƙe ta fita. Ƙofar ofishin a buɗe take, masu girki da masu gadi da direbobin baƙi duk suna baranda sun kasa kunne. Dutse kuwa gari ne da in ka yi atishawa a Takur za a ji a kasuwa. Labarin ya riga ta isa gida.

Bokitan mako biyu suka yi a waje suka koma kanta. Manaja ya samu yabo daga Abuja kan yadda ya shawo kan lamarin cikin gaggawa. Ni kuma aka ƙara mini banɗakunan ɗakin taro kafin a samo wata.

Ban je wurinta ba. Kullum sai in ce ranar Juma'a, Juma'a ta zo in ce ta gaba. Sai da kaka ta yi, aka gama yankan gero, wata 'yar'uwar maigidana ta haihu, ashe kuma a unguwar su Goggo take aure. Ranar suna na tafi da safe don in kama aiki.

Tsakar gidan cike da mata, an ɗora manyan tukwane uku a kan murhu. A irin wannan taro ba kowa ake bari ya tuƙa tuwo ko ya kwashe shi ba. Akwai dattijuwar da unguwa ta yarda da hannunta, ita ake aika wa tun saura kwana biyu. Wata da ke yankan kuɓewa kusa da ni ta ce mini a da wata Bafulatana ce, tun zuwanta unguwar ba a yi suna ko biki ba ita a bakin tukunya ba. Muna cikin maganar sai ga Goggo ta shigo da sallama. Ta rame sosai. Ta gaisa da mutane, ta ɗaure mayafinta a ƙugu, ta nufi murhu ta miƙa hannu za ta karɓi muciya.

Uwar mijin mai jego, wadda ke tuƙin, ta ɗan janye muciyar gefe. "A'a Goggo, ki huta, kin sha aiki a duniya. Yara, ku shimfiɗa wa Goggo tabarma."

Aka shimfiɗa mata can jikin katanga, kusa da inda aka tara takalma. Ta ce to ko wanke-wanke ne a miƙo mata. Aka ce an gode, akwai masu yi. Mai kuɓewar nan ta matso kunnena, ba ta san ko ni wace ce ba, ta ce, "Ai ita ce ta otal ɗin nan. Da tsumman masai ta goge wa mutane kwanuka. Ki ga mutum fes-fes a ido, ashe ƙazama ce."

Ban san lokacin da na miƙe ba. Wuƙa na hannuna, na faɗa musu komai da ƙarfi, yadda na bayan katanga ma zai ji. Na ce a otal ɗin nake aiki, ni ce shugabarta. Na faɗi abin da aka sa ni na yi, da abin da na gani na kau da kai, da ƙaryar da na yi a gaban hukuma. Na rantse da Allah cewa a duk ma'aikatan gidan nan babu mai tsaftar matar nan, kuma ita kaɗai ce ta yi ta ƙoƙarin hana abin da ya faru.

Na tsaya ina haki, ina jiran wata ta tashi ta kai wa Goggo muciyar.

Uwar mijin ba ta daina tuƙi ba. Ta dube ni daga sama har ƙasa.

"To, baiwar Allah, a can ɗin me ya riƙe miki baki?"

Wata daga baya ta ce, "Ta ce ta yi ƙarya a gaban hukuma. Mu kuma yau da wacce za mu yarda?" Aka yi 'yan gunaguni, kowa ta koma kan abin da take yi.

Na juya wajen Goggo. Tana laluben silifas ɗinta cikin tarin takalma. Na je na durƙusa a gabanta na ce, "Goggo, ki yafe mini." Ta samo ɗaya, ta samo ɗayan, ta saka a natse.

"Ki gaida mai jiki, 'yar nan," ta ce. "Na ji an ce ya karye."

Ta yi wa mai jego barka daga bakin ƙofa, ta fita tun ba a sauke tukunyar farko ba. Ba wadda ta ce ta tsaya.